Fashin baƙi: Wane yansun ake nufi, kuma me yake yi a jiki?

Shin da gaske ne daga yansun ake yin maganin murar nan Tamiflu, har shayinsa zai iya tsare mutum daga annoba? Yana kawo wa mai jego ruwan nono? Idan jariri ya kwana yana kuka yana miƙa saboda ciwon ciki, babu laifi a jiƙa a ɗura masa? Tambayoyin nan suna dawowa duk lokacin da hunturu ya kankama ko aka ji ƙishin-ƙishin wata cuta mai yaɗuwa, kuma amsoshin da ke yawo a WhatsApp da TikTok sun fi tambayoyin yawa. Masu tallan haɗin gyaran jiki suna zuba shi cikin hulba da shammar. Kantunan da ake kira Islamik kemis suna da shi a kwalba da a ƙulli. Masu koyar da girki kuma suna jefa wani abu mai siffar tauraro a tukunya, su kira shi da wannan suna.

A nan ruɗanin ya samo asali. Ba tsiro ɗaya ake magana a kai ba, kuma ɗaya daga cikin masu amsa sunan guba ne.

Tsiro uku, kamanni ɗaya

Yansun na asali ƙaramin tsiro ne da ake shukawa a girbe a shekara guda, tsayinsa bai cika wuce rabin mita ba, yana da fararen furanni masu buɗewa kamar lema. Masana tsirrai suna kiransa Pimpinella anisum. Danginsa su ne karas da shammar da kamun da kusbara. Asalinsa gabashin tekun Bahar Rum ne, kuma har yau Turkiyya da Masar da Siriya da Sifaniya suna cikin masu nomansa. Ƙwayarsa ƙarama ce ƙwarai, ba ta kai ƙwayar shinkafa ba, launinta tsakanin toka-toka da kore, mai faɗi a gindi da tsini a kai. Idan ka zuba ta a tafin hannu za ka ga yawancin ƙwayoyin suna da ɗan siririn sanda a maƙale kamar wutsiya. Shammar ta fi ta tsawo da kauri, ta fi ta kore, kuma layukan jikinta sun fi fitowa.

Na biyu shi ne mai tauraro. Wannan ɗan itaciya ne, Illicium verum, da ke fitowa a kudancin Sin, musamman Guangxi da Yunnan, da kuma arewacin Biyetnam. Yawanci ƙahonni takwas gare shi, kowanne da ƙwaya mai sheƙi a ciki. Ba shi da wata dangantaka da na farko. Abin da ya haɗa su shi ne sinadarin da ke ba su ƙamshi, anitol, wanda kuma yake cikin shammar. Anitol ne kusan kashi 80 zuwa 90 cikin ɗari na man yansun, kuma ya fi sukari zaƙi a harshe kusan sau 13. Shi ya sa wanda ya tauna ƙwayar yake jin zaƙi ya biyo baya ko da babu sukari.

Na uku shi ne tauraron Japan, Illicium anisatum. A ido kusan ba ka raba shi da na Sin. A Japan ba a cinsa. Ana ƙona shi a matsayin turare a wuraren ibadar mabiya Buddha, ana kuma shuka itaciyar a maƙabartu. Yana ɗauke da anisatin, guba mai taɓa ƙwaƙwalwa, wadda ke sa amai da jijjiga irin ta farfaɗiya.

A tukunya da kofin shayi

Kafin a zo ga batun magani, yansun kayan ƙamshi ne, kuma a nan ne babu jayayya a kansa. Rumawan da suna gasa wani irin kek da shi da kamun, su kawo bayan an gama babbar walima don abinci ya faɗa. Likitan Girka Diyoskoridis ya rubuta a kansa a ƙarni na farko, Ibn Sina ma ya kawo shi cikin littafinsa na likitanci.

A Masar, yansun abin sha ne na yau da kullum. Ka shiga gidan shayi ka ce a ba ka, za a kawo maka ruwa mai launin rawaya-rawaya a kofin gilashi, kuma makaranta Alƙur'ani da mawaƙa sun saba kurɓarsa da ɗumi don maƙogwaro. A ƙasashen Sham ana cuɗa shi cikin ƙullin biskit ɗin da suke kira ka'ak. A Maroko yana cikin wani burodi mai zaƙi da ake barbaɗa wa riɗi, yana kuma cikin sallu, wato soyayyen garin alkama da riɗi da almon da zuma, abincin azumi da na masu jego. Mutanen Holan, idan aka yi haihuwa, suna shafa man shanu a busasshen burodi su barbaɗa ƙwayoyin yansun da aka lulluɓe da sukari, shuɗi da fari idan namiji ne, ruwan hoda da fari idan mace ce, su raba wa 'yan barka. A Girka da Turkiyya da Labanon da Faransa kuwa, babbar kasuwarsa ita ce masana'antar giya, domin shi ne ƙamshin uzo da raki da arak da fastis. Wannan bai mai da ƙwayar abin maye ba. Babu barasa a cikinta.

Wanda zai shigo da shi girkinmu ya lura da hali biyu na anitol. Yana tashi da tururi, kuma ya fi narkewa a mai fiye da ruwa. Saboda haka tafasa shi na tsawon lokaci a buɗaɗɗiyar tukunya, yadda ake yi wa citta da kanumfari, asara ce: ɗaki zai cika da ƙamshi, kofi ya tashi fayau. Abin da ya fi shi ne a ɗan murje cokalin shayi ɗaya a turmi, ba sai ya zama gari ba, a zuba tafasasshen ruwa, a rufe na kamar minti goma, a tace. Madara tana riƙe ƙamshinsa fiye da ruwa zalla. A ganina ya fi dacewa da abin da aka yi da fulawa ko gyaɗa ko madara, kamar cincin da kek da kunun gyaɗa. A miyar kuka ko kuɓewa ba shi da gurbi, zaƙinsa faɗa yake yi da daddawa.

Mai tauraro shi ne na nama. Yana jure doguwar dahuwa, kuma ƙarfinsa ya ninka na ƙaramin. Da shi Biyetnamawa ke yin romon taliyarsu, yana cikin haɗin kayan yaji biyar na Sinawa, Indiyawa kuma suna sa shi a biriyani. Guda ɗaya ya ishi tukunyar farfesu. Aka sa uku, sai romo ya koma ɗanɗanon maganin tari.

Ina gaskiyar batun Tamiflu?

Wannan jita-jita tana da ƙafa ɗaya a gaskiya, shi ya sa ta ƙi mutuwa. Tamiflu magani ne na murar infuluwenza wanda kamfanin Roche ya fito da shi kasuwa a 1999. Ana fara haɗa shi ne daga wani sinadari mai suna shikimik, kuma shekaru da dama babban inda ake samun wannan sinadari shi ne tauraron Sin. A 2005, da tsoron murar tsuntsaye ya mamaye duniya, gwamnatoci suka yi ta rige-rigen tara maganin, har aka shiga ƙarancin ɗanyen kayan. Mu ma abin bai tsallake mu ba, don a watan Fabrairun 2006 aka tabbatar da murar tsuntsaye nau'in H5N1 a wata gonar kaji a Jaji, jihar Kaduna, karo na farko a Afirka. Daga wancan lokaci maganar ta shiga bakin jama'a, ta sake tasowa a 2009 lokacin murar aladu, ta kuma dawo da ƙarfinta a 2020 da korona.

Kura-kuran da ke cikinta a jere suke. Na farko, tauraron Sin ake nufi, ba ƙaramar ƙwayar da Misirawa ke sha ba. Na biyu, shikimik kansa ba ya kashe ƙwayar cutar mura. Sai ya bi matakai kusan goma a masana'anta, ana sauya masa siffa, kafin ya zama magani. Wanda ya rungumi buhun auduga bai sa riga ba. Daga baya ma kamfanin ya koma samun sinadarin ta hanyar kiwon wasu ƙwayoyin bakteriya a manyan tankuna. Na uku, shi kansa Tamiflu maganin infuluwenza ne kawai, ba ya aiki a kan korona, kuma ko a infuluwenzar sai an fara shi cikin kwana biyu da kamuwa, ya rage tsawon jinyar da kimanin kwana guda.

Wani abin lura, an fara gano shikimik ne a 1885 daga tauraron Japan, wato mai gubar. Da a ce samun sinadarin a tsiro shi ne magani, da shi za a fara sha.

Abin da aka yarda yana yi

Hukumar kula da magunguna ta Tarayyar Turai ta duba yansun, ƙaramin na asali, ta amince da shi a abu biyu: ƙananan matsalolin ciki irin su kumburi da murɗa da yawan iska, da kuma sassauta majina a tarin da ya zo da mura. Amma ta ajiye shi a rukunin magungunan gargajiya, ma'ana hujjarta ita ce daɗewar da aka yi ana amfani da shi ba tare da ganin illa ba, ba wai manyan gwaje-gwajen asibiti ba. Awon da ta bayar shi ne giram 1 zuwa 3.5 a tafasasshen ruwa mililita 150, sau uku a rana, ga wanda ya haura shekara 12, kuma kada a wuce mako biyu. Cokalin shayi ɗaya kusan giram 2 ne.

An yi wasu gwaje-gwaje a Iran a kan masu fama da ɓacin ciki bayan cin abinci, da masu larurar hanji mai saurin motsuwa, da matan da jinin al'ada ya ɗauke wa suke jin zafi na taso musu. Sakamakon ya nuna sauƙi. Sai dai mahalarta kowane gwaji ba su wuce ɗari da 'yan kai ba, kuma na makonni huɗu ne ko makamancin haka. Irin wannan yana nuna cewa akwai abin dubawa, ba ya isa a ce an gama magana.

Sauran jerin da ake karantowa, ciwon suga da cutar kansa da hawan jini da kashe ƙwayoyin cuta, yawancinsu daga gwajin ɓeraye ne ko na kwalba a ɗakin bincike. Abubuwa da yawa suna kashe ƙwayar cuta a kwalba, har da gishiri.

Akwai kuma dabarar lissafi da masu talla ke yi. Za su ce yansun yana ƙara jini saboda yana da sinadarin ƙarfe mai yawa. Gaskiya ne a giram 100 akwai kusan miligiram 37. Wa ke cin giram 100? Cokalin shayi ɗaya bai kai miligiram 1 ba, kuma idan jiƙawa aka yi aka tace, mafi yawansa yana cikin tukar da aka zubar. Ƙwayar ƙarin jini da ake bai wa mai ciki a awo tana ɗauke da miligiram 30 zuwa 60.

Batun barci kuma mai sauƙi ne. Babu sinadarin hana barci a cikinsa irin na ganyen shayi da kofi, don haka wanda ya bar baƙin shayi mai kauri bayan isha'i ya koma yansun zai iya ganin bambanci. Ko ruwan ɗumi ya koma zai gani.

Mai jego, mai ciki da masu gyaran jiki

Imanin cewa yansun yana kawo nono tsoho ne kuma ya yaɗu, daga Maroko har Holan. Yana da ɗan tushe a kimiyya, don anitol da wasu 'yan'uwansa suna nuna hali mai rauni irin na sinadarin mata, istirojin, a gwajin dabbobi. Wannan ne masu haɗin gyaran nono suka riƙe. Abin da ba sa faɗi shi ne babu ingantaccen gwaji a kan mutane da ya nuna yana ƙara girman nono, kuma idan har tasirin yana da ƙarfin da suke iƙirari, to shi ne dalilin da zai sa macen da ke da kansar mama ko ta mahaifa ta nisanci haɗin. Ba zai yiwu abu ya yi ƙarfin sauya jiki ba, kuma a ce ba ya iya cutarwa.

Ga masu shayarwa akwai wani rahoto daga Italiya a 1994 da likitocin yara ke yawan kawowa. Jarirai biyu, ɗaya ɗan kwana 15, ɗaya ɗan kwana 20, aka kai asibiti da kasala da amai da sakin jiki, ba sa iya kama nono da ƙarfi. Iyayensu mata suna shan sama da lita biyu a kullum na wani jiƙo mai yansun da shammar da wasu tsirrai biyu, don nono ya zo. Da aka dakatar da jiƙon, jariran suka farfaɗo. Ba a iya ɗora laifin a kan yansun shi kaɗai ba, amma abin da uwa ta sha da yawa yana isa ga ɗanta.

Kofi ɗaya, ko ɗan abin da aka sa a kunu, ba shi ake magana ba. Hukumar Turai ta ce kada mai ciki da mai shayarwa su sha shi a matsayin magani, saboda babu bayanan da za a dogara da su. Abin da kuma aka tabbatar yana kawo nono shi ne yawan ɗora yaro a kai da kyakkyawan kamu, sai uwa ta ci ta ƙoshi ta huta.

Jarirai: inda aka fi yin ɓarna

Kukan ciki na jariri yana farawa ne a makonnin farko, ya tsananta wajen mako shida, ya lafa da kansa a wata uku zuwa huɗu. Uwar da ta kwana uku ba ta runtsa ba, ga kaka tana cewa a ba shi wani abu, ga maƙwabciya ta kawo ƙulli, da wuya ta ce a'a. Kuma tunda kukan yana wucewa da kansa, duk abin da aka bayar a lokacin shi ke samun yabo.

A wasu al'ummomin Latin Amurka da yankin Karibiyan, abin da ake bayarwa shi ne shayin mai tauraro. A watan Satumban 2003 hukumar abinci da magunguna ta Amurka ta gargaɗi jama'a da su daina shan wannan shayi, bayan rahoton mutum kusan 40 da suka kamu da rashin lafiya, kimanin 15 daga cikinsu jarirai. Alamomin sun haɗa da amai da firgita da jujjuyawar ido da jijjiga. Shekara biyu kafin nan, a Holan, sama da mutum 60 sun kwanta bayan shan wani shayin ganye da aka samu tauraron Japan a ciki, wasu sun yi jijjiga har sai da aka kwantar da su. Waɗannan manya ne, a ƙasar da ake sa ido kan abin da ke shiga kanti. Ko tauraron Sin zalla, idan aka dafa shi da kauri, yana da sinadaran da ke iya taɓa ƙwaƙwalwar jariri.

A wajenmu haɗarin ya ninka saboda yadda muke fassara jijjigar yaro. Idan jariri ya sandare idanu suka kafe, hankali yana tafiya ga iska ko maita ko zazzaɓi, babu mai tuna jiƙon da aka ɗura masa awa biyu da suka wuce. A asibiti ma, in ba a tambaya ba, ba a faɗi. Duk wadda ta kai yaro a wannan hali, ta faɗi abin da aka ba shi, ta tafi da ragowar a nuna.

Ƙaramin yansun na asali ba shi da anisatin, amma wannan bai buɗe ƙofa ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce nono zalla har wata shida, ko ruwa ba a bayarwa. Kowane cokalin jiƙo yana cinye gurbin nono a ɗan cikin da bai da girma, yana kuma iya shigo da gudawa. Idan aka ƙara zuma don ya yi daɗi, an ƙara wani haɗari na daban, domin ba a bai wa yaron da bai cika shekara ba zuma, saboda wata ƙwayar cuta da ke shanye jiki. Abin da ya rage wa uwa shi ne ta sa shi gyatsa bayan kowane shan nono, ta ɗora shi a kafaɗa, ta goya shi ta zaga. Idan kukan ya zo da zazzaɓi, ko koren amai, ko kumburin ciki, ko ƙin nono, wannan ba na jira ba ne.

A gaban mai kanti

Mai sayarwa a kasuwa, komai gaskiyarsa, bai ga itaciyar ba. Buhu ya saya a hannun dillali, shi ma dillalin ya saya a hannun wani. Ana cewa tauraron Japan ya fi ƙanƙanta, ƙahonninsa ba su daidaita ba, bakinsu ya lanƙwashe, ƙamshinsa kuma ya fi kusa da na kafur. Haka ne a littafi, amma ko ƙwararru ba sa dogara da ido idan an gauraya su ko sun karye, sai an kai ɗakin gwaji. Saboda haka mai tauraro a saye shi cikakke, mai ƙamshi mai zaƙi, a bar shi a tukunyar nama, guda ɗaya, a tsame kafin a zuba abinci. Wanda ke son shayi ya nemi ƙaramar ƙwayar mai wutsiya.

Gari kuwa ba ka san abin da aka niƙa ba, kuma ƙamshinsa yana gudu cikin 'yan watanni, alhali ƙwayar a rufaffiyar kwalba tana kai shekara.

Man yansun wani babi ne. Mafi yawan wanda ke kasuwa daga tauraron Sin ake tatsarsa don ya fi araha, kuma abin da ke cikin ƙaramar kwalba ɗaya ya fito ne daga tarin ƙwayoyin da ba wanda zai iya ci a zama guda. Ƙasa da cokalin shayi ɗaya yana iya jawo amai da jijjiga da taruwar ruwa a huhu. Hukumar Turai ba ta amince a bai wa wanda bai kai shekara 18 ba. A ajiye shi inda hannun yaro ba ya kai, don zaƙinsa da ƙamshinsa irin na alawa ne. Wanda jikinsa ba ya karɓar karas ko shammar ko kusbara, yana yi masa ƙaiƙayi ko kumburin baki, shi ma ya yi hattara da dangin gaba ɗaya.

Haɗe-haɗen da ke ɗauke da lambar NAFDAC ma suna bukatar a karanta su da kyau. Lambar da ake bai wa magungunan gargajiya tana nufin an duba ko abin zai cutar, ba ko yana warkar da abin da aka lissafa ba. Ka juya kwalbar, a ƙasan jerin cututtukan za ka ga an rubuta da ƙananan haruffa cewa hukumar ba ta tantance waɗannan iƙirarai ba.